Godiya bayan rasuwar Baba

Alhamdu lillahi ala kulli halin. An tashi daga zaman makoki, baƙi sun watse, sai yau na samu na zauna. Abin da aka sha tun kwanciyar Baba a asibiti kun sani, ba sai na maimaita ba.

Tsofaffin unguwar Shara Mansur da ke Makka sun san Baba na cikin waɗanda aka rufe wa ƙofofin Harami da asubahin 1 ga Muharram 1400, wato 20 ga Nuwamba 1979, ranar da mutanen Juhaiman, wani ɗan tawaye, suka mamaye masallacin da makamai, suka ƙwace lasifikar liman. Shi Allah ya ba shi hanyar fita da wuri, aka bar sojoji da su mako biyu ana ɗauki-ba-daɗi, amma tun daga ranar bai ƙara yarda a kulle ƙofa yana cikin ɗaki ba. Da aka nuna abin a shirin Al-Asuf, wasan kwaikwayon talabijin na Saudiyya, cikin azumin 2019, jikoki suka yi ta kiransa ya zo ya gani, sai ya ɗauki tabarmarsa ya haye saman bene. Cewa ya yi masu fim ƙarar bindiga suka sani, shi kukan tsofaffin alhazai yake ji.

A darensa na ƙarshe abin ya dawo masa. Zazzaɓi ya yi zafi, yana ta fizge-fizge yana cewa an sa sarƙa a ƙofa. Na rasa yadda zan yi, jikina sai rawa. Wata nas 'yar Indunusiya, ko kalmar Hausa ɗaya ba ta ji, ta dube shi, ta je ta wangale ƙofar ta tokare da kujera, ta dawo ta ce da Larabci, "Maftuh, ya Hajji," wato a buɗe take. Nan ya lafa, har ya samu ya yi kalmar shahada. Baiwar Allah, Ubangiji ya buɗe miki ƙofar Aljanna, ya jiƙan iyayenki, ya raba ki da firgici duniya da lahira.

Kawu ya hana a ambace shi, amma sai na faɗa: shi ya yi ta zirga-zirgar takardu har aka sallaci Baba a Harami. Gwaggo da matan layinmu, tukunyarku ba ta sauka ba. Samarin da suka ɗauki makara zuwa maƙabartar Shara'i, Allah ya ba ku masu yi muku.

'Yan'uwa na Jidda, mun ga saƙonninku a WhatsApp, har da guntun fim ɗin da aka haɗa da hotonsa. Hanyar dai ba ta da nisa. Don Allah a goge.

Duk mai bin Baba bashi ya nemi Yaya.