Idan Ana Maganar Kyanwata, Ni Ake Nufi

Namiji ya ajiye kyanwa, a ce bawan Allah mai tausayin dabbobi ne. Mace da ta haura talatin ba aure ta ajiye, sai a fara raɗe-raɗin ta fid da rai. Ni ina da biyu, Toka da ɗanta, wani muzuru mai taurin kai da ba ya amsa kowane suna, kuma na daɗe da gane cewa duk wanda ya buɗe baki a kansu, ni yake nufi.

Gwaggo ce gwanar wannan. Ba za ta taɓa tambaya kai tsaye yaushe zan fito da miji ba. Sai ta dubi Toka a miƙe bisa kujera ta ce, "'Yar nan, wannan hidimar da kike wa dabba, ai ɗa ya kamata a yi wa." In ce, "Gwaggo, Allah Ya kawo lokacin." Ta ce amin, ta ɗan nisa, sannan ta tuna mini cewa gashin mage yana hana haihuwa.

Ba ya hanawa. Abin da likitoci ke gargaɗi a kai wata ƙwayar cuta ce, Toxoplasma, da ke fita a kashin kyanwa, tana iya cutar da ɗan tayi idan mace ta kamu da ita karon farko tana da juna biyu. Ƙwayar sai ta yi kwana 1 zuwa 5 a cikin kashin kafin ta iya kama mutum, shi ya sa ake cewa a kwashe kullum, mai ciki kuma ta bar wa wani ko ta sa safar hannu. Naman da bai dahu sosai ba ma yana ɗauke da ita, amma ban taɓa jin an raba budurwa da nama don gudun kada ta rasa haihuwa ba.

Haɗa mace da kyanwa don a tozarta ta tsohuwar sana'a ce. A 1566 an rataye wata tsohuwa, Agnes Waterhouse, a garin Chelmsford na Ingila bisa zargin maita, kuma cikin hujjojin da aka kafa mata har da kyanwar da aka ce ita take aikawa ta yi ɓarna. A farkon ƙarni na 20, da matan Ingila da Amurka suka tashi neman 'yancin kaɗa ƙuri'a, masu adawa sun riƙa buga katuna da hoton kyanwa a matsayin mai fafutukar, wai maganarsu kukan mage ce kawai. A 2021 JD Vance, wanda daga baya ya zama mataimakin shugaban Amurka, ya ce matan da ba su haihu ba masu kiwon kyanwa ne ke juya ƙasar, wai baƙin cikin rayuwarsu suke son shafa wa kowa. Shekara ɗari huɗu da hamsin da ɗoriya, zance bai sauya ba. Alhali a 2019 masu bincike sun gwada wannan zargi a kan ɗaruruwan mutane a jami'ar Kalifoniya ta Los Angeles, ba su ga masu kyanwa sun fi sauran jama'a damuwa ko kaɗaici ba.

Abin da ke ba ni dariya shi ne masu yi mini wa'azi sun fi ni sanin cewa sahabi Abu Huraira daga 'yar kyanwarsa ya samo laƙabin da duniya ta san shi da shi. Sun san hadisin matar da aka azabtar saboda ta kulle kyanwa, ba ta ciyar da ita ba, ba ta sake ta ta nemi abinci ba. Mai ciyarwa kuwa, a wurinsu, ita ce abar tausayi.

A ganina ba dabbar ce ke damunsu ba. Ana son mace ta zama kyanwar Lami, ba cizo ba yakushi, kuma in aure ya yi mata jinkiri a ga alamar jira a fuskarta. Wadda ta dawo daga aiki, ta zuba wa dabbobinta abinci, ta yi barcinta lafiya, ta ɓata lissafi. Ina son aure, ban taɓa ɓoyewa ba, kuma akwai daren da shirun ɗaki ke yi mini yawa. Sai dai ƙawayena masu aure ma suna kirana da irin wannan kukan, babu mai cewa mijin ne alamar sun fid da rai.

Inda abin ya fi ƙona mini rai shi ne yara mata suna saurare. Da Toka ta haihu, 'yar yayata mai shekara goma sha biyu ta zaɓi wata 'yar fara, har ta raɗa mata suna. Washegari ta kira ni murya ƙasa-ƙasa ta ce, "Anti, Mama ta ce a'a, wai da haka ake farawa." Wan yarinyar kuwa tattabaru yake kiwo, sun cika gidan da kashi da gashi, har keji na biyu aka ƙera masa. Na ce mata 'yar farar tata ce duk da haka, za ta zauna a wurina, ita kuma ta riƙa zuwa ranar hutu tana kwashe kashin da kanta.