Tarihin Rayuwata, Kashi na 6: Daren Majigi a Kangiwa

Makon jiya mun tsaya inda Baba ya damƙa ni hannun kawuna a unguwar Rafindadi, cikin birnin Katsina. To, a shekarar nan ta 1962, zamanin Sarki Usman Nagogo, na fara ganin majigi, wato fim ɗin da ake yawo da shi a mota ana haskawa a fili.

Tun la'asar labari ya cika gari cewa motar Ma'aikatar Yaɗa Labarai ta Jihar Arewa ta iso, za a kafa ƙyalle a Kangiwa, filin ƙofar gidan Sarki. Na durƙusa gaban Kawu na roƙe shi.

"Mi za ka gano can? Ka wanke allonka?"

Na ce, "Na wanke, Kawu." Allah Ya yafe mini, ko rabi ban haddace ba.

Bayan isha'i aka tayar da injin wuta. Ba a biyan ko anini, shi ya sa filin ya cika maƙil, mu yara a gaba cikin ƙura, ƙwari na ta shawagi a cikin hasken. Aka fara da fim ɗin Sardauna yana rangadi, sai na takin zamani da noman auduga. Wani mutum riƙe da lasifika yana fassarawa, yana ƙara gishirinsa. Waɗannan duk sun shige mini ta kunne ɗaya sun fita ta ɗaya.

Wanda ya zauna mini a rai ɗan gajere ne. Fadama da asuba, gauraka na taku cikin ruwa kamar masu sarauta, sai wani Bafulatani ya ratso da shanunsa, sanda a kafaɗa, sarewa na tashi a hankali. Daga nan aka nuno mata suna lugude, sautin taɓarya ya hau kan busar daram. Mai lasifika ma ya yi shiru. Ni da kullum nake ganin daka a tsakar gidanmu, sai ga ni baki buɗe. Wata tsohuwa a bayana ta ce, "Wannan gero bai isa surfe ba."

Ana cikin haka zaren fim ya tsinke, ƙyalle ya yi fari fat. Muka ɗau ihu har dogari ya ɗaga bulala. Aka liƙa, amma gaurakan ba su dawo ba.

Da asuba Kawu ya ce in biya masa allona. Abin da ya biyo baya sai mako mai zuwa, in Allah Ya kai mu.