Kafin ka yarda a jefo ka daga kan katanga a fim

Duk yaron da ya taso cikin kokawa ko dambe a Gusau, Argungu ko Zuru yana ganin fitowar faɗa a fim ba komai ba ce. Mu ma da wannan tunanin muka shiga, kuma shi ya kai yawancinmu gidan maɗori. A fagen dambe ana so naushi ya sauka, a gaban kyamara kuwa ana so ya wuce ta gefe, mai kallo ya rantse ya sauka.

Ga yadda ake yi, ƙanena. Kyamara tana bayan kafaɗar ɗayanku, hannu ya ratsa tsakaninta da fuskar abokin wasa da tazarar taƙi guda. Wanda aka "nausa" shi ke da rabin aikin: ya karkatar da kai daidai lokacin, ba kafin hannu ya iso ba. Ku maimaita a hankali kuna ƙirga ɗaya, biyu, uku, sai jiki ya haddace, sannan ku ƙara sauri. Ƙarar dukan a wajen tace hoto ake sa ta. Daraktan da ya ce "ku daku da gaske don ya fi kyau" bai san inda zai ajiye kyamararsa ba ne.

Faɗuwa ta fi naushi cin mutane. Babban kuskurenmu shi ne tokare ƙasa da tafin hannu, nauyin jiki duka ya tattaru a wuyan hannu, sai targaɗe ko karaya. Manna haɓa a ƙirji don kada ƙeya ta bugu, lanƙwasa gwiwa, saki numfashi, ka sauka da faɗin baya ko ka mirgina ta kafaɗa. Idan daga katanga ce mai kamar mita biyu zuwa uku, a jera kwalaye marasa komai a rufe, hawa biyu, a ɗaure su da igiya kada su watse, a shimfiɗa katifa a sama. Kwalin da ya lotse ya gama aiki, a sauya shi kafin a sake ɗauka. Katifar soso, idan babu kwalaye a ƙarƙashinta, takan dawo da mutum sama ta yar da shi gefe. Ƙasar rani kuwa, ko da ka ga rairayi a kai, ƙarƙashinta kamar siminti take, sai an tona an tsince duwatsu da ƙaya.

Kada ka faɗa kogi sai an auna zurfinsa da gora a ranar, domin kogin Matan Fada na Argungu a damina ba shi ne na watan Maris ba. A babur, salansa ke ƙona ƙwauri, don haka a bar shi ya huce.

Akwai abin da ya shafe mu fiye da 'yan Kano. Bindigar katako da rawani rufe da fuska a bayan gari, a halin da Zamfara da wasu sassan Kebbi ke ciki, na iya jawo harbi na gaske. A sanar da 'yan sanda da mai gari da 'yan sa-kai tun kwana ɗaya kafin aiki, kayan kuma su zauna cikin buhu sai an ce akshin.

A yi cinikin fitowa mai haɗari daban, a faɗi wanda zai biya kuɗin asibiti tun kana da lafiya. Bayan an ce kat, furodusa kan yi wuyar samu a waya.

Jiki ba ya daɗewa yana ɗaukar faɗuwa, shi ya sa tun yanzu ka koyi fitowa a maigadi, boka, dillali ko baffan amarya. Nan harshenka zai yi maka rana. Da yawanmu mun yi ta murɗe baki muna kwaikwayon Kananci, alhali "mi kaka so?" da "shina nan" ɗin da muke ɓoyewa su ne darakta ke nema ya rasa mai furta su daidai.