Zagin asali a gaban alƙali

Jiya a fadarmu ta Birni ana jiran shayi na biyu sai wani abokinmu da ya yi karatu a Indiya ya kawo zancen da ya hana ni barci. Wai a can in ka zagi mutum da asalinsa kana iya shan ɗaurin wata 6 har shekara 5. Mu ka ce kai malam, wane irin asali? Ya ce ƴan Dalit, waɗanda tun kaka da kakanni ake cewa ba a taɓa su, masu jima da shara da kwasar ƙazanta. Tsarin mulkinsu na 1950 ya haramta wannan ƙyamar, a 1989 kuma aka yi doka takanas don hukunta masu cin zarafinsu.

To ga inda gizo ke saƙa. Tun gyaran tsarin mulkin na 1992 aka ware musu kujeru a majalisun ƙauye da suke kira fanchayat, har shugabanci suna samu, amma kujera daban, zuciyar mutane daban. A 2020 a jihar Tamil Nadu hoto ya yi yawo a intanet, shugabar majalisa mace ƴar Dalit tana zaune a ƙasa, sauran membobi suna bisa kujeru ana taro, ita ce fa shugaba.

Idan ƙarar zagin asali ta je kotu alƙali ba ya tsayawa kan an yi zagi kawai. Sai ya bi abin daki-daki, shin wanda ya yi zagin ba Dalit ba ne shi ma, kalmar asalin ce ta fito ko ashar ce irin ta faɗa, da niyyar wulaƙanci aka yi saboda asali ko rigimar gona ce ta yi zafi, sannan babbar tambaya, a idon jama'a aka yi? A 2008 kotun ƙolinsu ta ce ko a ƙofar gidanka ne in dai masu wucewa na iya gani to idon jama'a ne, amma dangi da abokai kaɗai ba su zama jama'a ba. Kalmar da aka yi shari'ar kanta ita ce chamar, wato majemi, ni da na tashi ina jin warin fata a marina da majema sai da jikina ya yi sanyi. A 2020 kuma a wata rigimar fili ta jihar Uttarakhand kotun ta soke tuhumar saboda cikin ɗaki aka yi zagin ba bare ko ɗaya.

Ni dai wannan sharaɗin bai kwanta mini ba wallahi. Na yarda dole a tace, mutum na iya ƙulla wa maƙwabci sharri don ya ci gonarsa. Amma a ƙauye su wa ne shaidun? Wanda ke ƙodago a gonar mai zagin, wanda ya ci bashin hatsinsa da bazara, wanda ƴarsa ke ɗiban ruwa a rijiyarsa. Ranar shari'a kowa sai ya ce ni ranka ya daɗe hayaniya kawai na ji.

Kuma kar mu yi ta leƙen gidan wasu. Nan Damagaram an sha fasa aure don an binciko yaro ɗan mahauta ne ko ɗan maroƙa, ko a ce kakansa bawa ne, kuma a zaure ake faɗa a hankali ba mai ji sai dattawa uku. Nijar ta saka bauta cikin manyan laifuka a 2003, wata mata da aka bautar, Hadijatou Mani, ta kai ƙasar nan kotun CEDEAO ta Afirka ta Yamma ta ci nasara a 2008 aka ba ta miliyan 10 na sefa, ita kam tana da takardar ƴantawa a hannu, abin da alƙali zai riƙe ya karanta. Wanda aka ce wa ɗan bayi a zauren mai gari fa, ana gama sulhu an shafa fatiha, me zai ɗauka ya kai jandarmeri? Na tambayi ƴan fada haka, mai dafa shayi ya ce sikari ya ƙare a aiki yaro.