Ni na karanta takardar, ni na ce a ɗaura

Tun rasuwar mahaifinmu waliccin ƙannena mata ya dawo wuyana. Da maganar auren autarmu ta taso a 2019, ni na tsaya kai da fata na ce ba za a karɓi goro ba sai an yi gwajin jini na cutar sikila. Na sha gori a Aboabo a kan haka. Wani kawunmu ya tare ni a ƙofar masallaci ya ce, "Malam, boko ne ya sa ka fara leƙen ƙaddara?" Na ce masa, "Kawu, ai an ce a ɗaure raƙumi sannan a yi tawakkali." Na koma gida ina jin na yi abin kai. Shekara da shekaru ina koyar da ilimin halittu a sakandare a nan Kumasi, ina zana wa yara akwatin gado a allo, in AS ya auri AS, ɗaya cikin huɗu za a iya haifar mai sikila, SS. Wa zai koya mini sikila?

Ƙanwata AS ce, mun daɗe da sani. Saura manemin. Ya je wani ƙaramin ɗakin gwaji kusa da kasuwa, ya dawo da 'yar takarda, an rubuta kalma ɗaya a gaban gwajin sikila: negetif. Na duba, na yi hamdala, na juya na ce wa Mma, mahaifiyarmu, "AA ne, a sa rana."

Takardar ba ta ce AA ba. Bakina ne ya faɗa.

An haifi yaron a 2021. Aka ɗiga jinin dugadugansa a kan kati kamar yadda ake yi wa jarirai, muka manta da zancen, muka sha suna. Bayan 'yan makonni aka kira uwar asibiti. Daga can ta bugo mini waya, muryarta na rawa: "Yaya, sun ce SC ne. Ba kai ka ce babansa AA ne ba? C ɗin daga ina?" Ina tsaye a barandar makaranta, alli a hannuna, kuma kafin ta rufe baki na san amsar. Abin da ya fi ƙona mini rai ke nan. Ba jahilci ya ci ni ba, na san abin, na taɓa karanta shi, gaggawa da yarda da kai suka rufe mini ido.

Gwajin da aka yi wa mijin, ɗigon jini ake haɗawa da sinadarin da ke janye iskar da ke cikinsa, a sa a ƙarƙashin madubin likita a ga ko ƙwayoyin za su lanƙwashe kamar lauje. A cikin nau'o'in himogulobin, sinadarin da ke ɗaukar iska a jini, nau'in S kaɗai ke sa su lanƙwashewa. Nau'in C ba ya yi. Mai AC zai fito negetif, mai CC ma negetif, kuma ɗakin gwajin bai yi ƙarya ba, tambayar da aka yi masa ya amsa. Gwajin da ya kamata in nema shi ne wanda ke rarrabe nau'o'in himogulobin ɗaya bayan ɗaya, ilektoroforesis ko HPLC, wanda sakamakonsa ke fitowa da haruffa biyu ƙarara. Bambancin kuɗin bai kai abin da muka kashe a goron ɗaurin aure ba. Duk lokacin da na tuna wannan sai in kasa cin abinci.

Watanni na yi ina karatu kamar mai shirin jarrabawa, wataƙila don in hukunta kaina. Littafin halittar mutum, DNA, yana da haruffa wajen biliyan 3, an gama karanta mafi yawansa a 2003. A cikin wannan tulin, a kuromosom na 11, akwai ƙwayar gadon da ake kira HBB, ita ke ba da umarnin ƙera wani sashe na himogulobin. Kalma ta shida a umarnin GAG ce. In harafin tsakiya ya sauya ta koma GTG, S ke nan. In na farko ya sauya ta koma AAG, C ke nan. Kalma ɗaya, wuri ɗaya, kuskure iri biyu, kuma ni ɗayan kawai na sa aka nema. Ga shi C ba baƙo ba ne a wajenmu, cibiyarsa a duniya arewacin Gana ce da Burkina Faso, inda kakannin yawancin mutanen Zango suka fito ko suka ratso da fatauci. Ya yaɗu ne saboda yana ba da kariya daga zazzaɓin cizon sauro mai tsanani, kamar yadda S ke yi wa mai AS. Ba laifin wata ƙabila ba ne, kuma ban yarda kowa ya ɗora wa surukina komai ba. Takarda ya kawo, ni na fassara.

Masu lallashi suna cewa SC ai mai sauƙi ce. Ta fi SS sauƙi a yawancin mutane, gaskiya ne, amma ku zo ku faɗa wa uwar da ta kwana a zaune lokacin hunturu, yaro na ihu ƙafarsa na ciwo, ba ya yarda a taɓa shi. SC tana da nata sharrin a ɓoye: tana taɓa jijiyoyin bayan ido, tana cin ƙashin ƙugu. Abin da ya cece mu shi ne an gano da wuri. Shirin gwajin jarirai a Kumasi ya faro a 1995 a hannun Farfesa Kwaku Ohene-Frempong, wanda shi ma ɗansa da cutar aka haife shi. Ya rasu a 2022. Ban taɓa ganinsa ba, amma albarkacin aikinsa aka ɗora yaronmu a kan fenisilin tun yana jariri, aka yi masa rigakafi a kan kari, aka koya wa uwar taɓa cikinsa don jin ko saifa ta kumbura. Wajen jarirai biyu cikin ɗari a ƙasar nan da sikila ake haifarsu, kuma da yawa ba a sani sai zazzaɓi ya kwantar da su.

Daga baya na tattara gidanmu kaf, har da 'ya'yana, na kai su aka yi gwajin na gaskiya. Ban karɓi takardar kowa ba sai da na ga haruffa biyu da idona. Nan ma likita ta ƙara mini wani abu: akwai gadon talasimiya, wata cutar jini ta daban, wanda kan iya ɓuya a bayan sakamakon da ya yi kama da AA, sai an duba girman ƙwayoyin jini da adadin wani nau'in himogulobin, wani lokaci har sai an karanta ƙwayar gadon kanta.

Da masu bincike suka nemi izinin ɗibar jinin yaron don nazarin ƙwayoyin gado, Mma ta ce atafau, "Me za su yi da jinin jikana?" Na zauna da ita dare guda. Na ce mata yara biyu kan ɗauki haruffa iri ɗaya, ɗaya kullum yana gadon asibiti, ɗaya yana buga ƙwallo, kuma wani ɓangare na dalilin yana cikin sauran ƙwayoyin gado, irin su BCL11A mai kashe himogulobin ɗin jarirai bayan haihuwa, wanda in ya saura a jini yake sassauta cutar. Ita aka taɓa a maganin sikila mai suna Casgevy da Ingila da Amurka suka amince da shi a ƙarshen 2023, aka sa kuɗinsa a lokacin dala miliyan 2.2 ga mutum ɗaya. Ba namu ba ne yanzu, na sani. Amma yawancin binciken ƙwayoyin gado a jinin Turawa aka yi shi, shi ya sa aka kafa shiri irin H3Africa na nazarin ƙwayoyin gadon 'yan Afirka, kuma in ba a karanta namu ba, ba za a san abin da ke damun namu ba. Wannan karon na karanta takardar izinin layi bayan layi, sau biyu, na tambayi inda za a ajiye jinin da wanda zai gan shi, kafin iyayen su sa hannu.

Ƙanwata ba ta taɓa sake ɗaga zancen ba, har yau Yaya take ce mini da ladabin da ta saba, kuma wannan ya fi mini zagi ciwo. Yanzu tana da ciki na biyu. Ita da mijinta suka yanke shawara, da saninsu wannan karon, ɗaya cikin huɗu. Na riga na nemi izini a makaranta, ranar da za a ɗiga jinin dugadugan jaririn ina wurin.