Godiyata ga waɗanda suka tsaya mini lokacin da numfashi ya gagare ni

Alhamdulillahi, jiya ne karo na farko cikin makonni bakwai da na yi barci har asuba ba tare da na farka ina laluben iska ba. Waɗanda suka bi halin da na shiga sun san zirga-zirgar asibitin da aka yi da ni, saboda haka ba zan maimaita ba, gajiyar da ke jikina ma ba za ta bar ni ba.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne dare na uku da aka kai ni sashen gaggawa. Ƙirjina ya ɗaure, ina jan numfashi sama-sama amma ina jin kamar bai wuce maƙogwaro ba, leɓɓana suka yi sanyi, yatsun hannuna suka ƙandare har na kasa buɗe su. Na fara kalmar shahada, na kuma shiga yi wa maigidana wasiyya a kan yara, domin na sakankance cewa lokacina ya yi. A nan ne wata dattijuwar ma'aikaciyar jinya ta maƙala mini ƙaramar na'urar awon iska a yatsa, ta juyo da fuskarta gare ni, ta ce: "'Yata, karanta mini abin da kika gani." Na ce 98. Ta ce: "To, mai lafiya yakan kasance tsakanin 95 da 100. Iska ta wadaci jininki, sauri ne kawai ya yi wa numfashinki yawa. Na san kina jin kamar za ki mutu, kuma ban ce ƙarya kike yi ba." Ta ɗora tafin hannuna a kan cikina, ta riƙa ƙirga mini huɗu in ja, shida in saki, cikin murya ƙasa-ƙasa, har yatsuna suka fara sakewa ɗaya bayan ɗaya. Sai daga baya na ji cewa lokacin tashinta daga aiki ya riga ya wuce. Mama, ban san sunanki ba, amma Allah ya san shi. Allah ya yaye miki duk wani ƙunci, ya raya miki zuriya, ya sa ki gama da duniya lafiya.

Ina gode wa likitan da bai yi gaggawar yanke hukunci ba. Sai da ya sa aka yi mini awon zuciya da hoton ƙirji, aka duba asma da ƙarancin jini da ƙwayar maƙogwaro (thyroid, wadda kumburinta ke kawo maƙoƙo), sannan ya zaunar da ni ya ce ciwon fargaba ne. Ya bayyana mini cewa idan tsoro ya taso, jiki yakan saki sinadarin adirenalin kamar mutum zai gudu daga haɗari, zuciya ta ƙara bugu, numfashi ya zarce 12 zuwa 20 ɗin da baligi ke yi a minti guda idan yana hutawa. Wannan saurin yana fitar da iskar kabon dayoksaid daga jini fiye da kima, kuma raguwarta ce ke kawo jiri da ƙandarewar yatsu, sai mutum ya ƙara firgita, ya ƙara haki, abu ya riƙa ciyar da kansa. Ya ce yawanci tashin yakan kai ƙololuwa cikin kamar minti 10 sannan ya fara lafawa. Sanin wannan kaɗai ya rage mini rabin tsoron, ko da yake ya ja mini kunne cewa duk ranar da sarƙewar numfashi ta zo da wani sabon salo, musamman tare da ciwon ƙirji, in koma asibiti, kada in yanke wa kaina cewa fargabar ce.

Na san waɗanda zan ambata ba sa son a ambace su, amma su yi mini haƙuri. Maƙwabcinmu da ya fito da motarsa ƙarfe 2 na dare har sau uku bai taɓa nuna gajiya ba. Ƙanwata, autarmu, ta ajiye karatunta ta riƙe mini yara, ita ce kuma ta koyi ƙirgan nan na numfashi take yi mini ta waya duk lokacin da abin ya motsa. Surukata ta kwana a zaune kusa da ni tana addu'a, ba ta taɓa ce mini in daure kawai ba. Maigidana kuwa ban da kalmar da za ta isa. Allah ya saka muku da mafificin alheri, ya ba ku masu tsaya muku ranar da kuke bukata, ya nisanta ku da irin wannan dare.

Akwai 'yan'uwa na jini da na sa ran ganinsu, amma tun da suka ji cewa gwaje-gwaje sun fito lafiya sai ƙafa ta ɗauke, har maganar raki ta dawo kunnena. Na yafe, sai dai abin ya yi mini ciwo, domin ban ƙirƙiri ciwon nan ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a shekarar 2019 mutum miliyan 301 ne ke fama da ciwon fargaba, kuma kusan ɗaya cikin huɗu ne kawai ke samun magani. Ina tunanin da yawansu shiru suka yi saboda gudun irin maganar da aka faɗa a kaina.

Ban warke sarai ba tukuna. Ina shan maganin da aka rubuta mini, ina kuma ganin masaniyar halayyar ɗan Adam duk bayan mako biyu, tana koya mini yadda zan tari tsoron tun yana ƙarami, saboda haka ina roƙon ku ci gaba da sa ni cikin addu'a. Shekaranjiya na koma sashen gaggawar da ƙafata domin in gaishe da dattijuwar nan, aka ce tana hutu, sai mako mai zuwa. In Allah ya kai mu zan sake komawa.