Yadda na saka wa babbar ƙawata, da abin da zan gyara

Bikina a Kano aka yi shi, kwana huɗu: kamu, sa lalle, wuni, sai ɗaurin aure da kai amarya. A kwanakin nan babbar ƙawa ita ke riƙe da wayar amarya, ita ke bin tela, ita ke tara kuɗin anko a hannun ƙawaye, ita ke tsayawa ciniki da dangin ango ranar kamu da abokansa wajen sayen baki, kuma ita ce ta ƙarshen fita daga ɗakin amarya. Godiyar irin wannan ɗawainiya tun kafin biki ake fara ta, kuma farkonta shi ne kada a bar ƙawa ta taɓa aljihunta.

A nan na fara kuskure. Ce mata na yi ta riƙa rubuta abin da ta kashe in biya ta daga baya. Ba ta rubuta komai ba, kuma ƙawar kirki ba za ta rubuta ba, kunya ba za ta bar ta ta kawo miki lissafin kuɗin adaidaita sahu ba. Alhali tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, zirga-zirgar sati uku tsakanin Kantin Kwari, shagon tela da gidajen rabon kati ba ƙaramin kuɗi take ci ba. Da na gane, sai na koma tura mata kuɗin mota da na katin waya a farkon kowane mako ba tare da na tambaye ta ba, in ce na aikin biki ne. Da sunan aiki za ta karɓa. In kin ce biyanta kike yi, mayar miki za ta yi.

Ankonta ni na saya, ni na biya ɗinki da ɗaurin kai. Atamfa yadi shida ta ishe ta riga da siket da ɗankwali, leshi kuwa yadi biyar ake yankawa. Na kai nata wajen telana tare da nawa saura sati uku, saboda in aka bar shi cikin na sauran ƙawaye, wadda ke bin ɗinkin kowa ita ce ke rasa lokacin zuwa gwajin nata, sai ranar kamu a ga hannun riga ya matse ta.

Wajen lalle ban yi dabara ba. Ta tsaya tana tsara layi, sai ta zama ta ƙarshe, mai lalle ta gaji, dare ya yi. Jan lalle yana son awanni kafin ya kama, ita kuwa ko awa ɗaya ba ta yi ba aka kira ta, ta wanke. A hotuna hannunta fari-fari ya fito kusa da nawa, kuma har yau abin yana damuna. A gaya wa mai lalle tun farko cewa daga amarya sai babbar ƙawa, a sa wata ta riƙe mata wayoyi har ya bushe. Haka abinci: na sa ƙanwata ta riƙa ware mata kula guda da ruwa a ɗaki kullum, domin mai raba abincin biki takan kwana da yunwa ba wanda ya lura.

Abin da na fi ba muhimmanci shi ne jakar liƙi. Kuɗin da aka liƙa wa amarya a hannun babbar ƙawa yake taruwa, kuma a nan zumunci da yawa ke lalacewa. Wata gwaggo za ta ce ai ta ga an liƙa fiye da haka, maganar ta zaga, ƙawa ta ji a bakin wasu. Na roƙi ƙanwar mahaifiyata ta zauna da ita duk dare bayan an tashi, su ƙirga tare, su rubuta a littafi, ita ƙanwar mahaifiyar tawa ta karɓi kuɗin ta ajiye. Na faɗa wa ƙawata dalili a fili: ba don ina shakkarta ba, don kada bakin kowa ya taɓa ta ne. Kare mata mutunci ya fi duk abin da na saka a leda na ba ta.

Daren kai amarya na sa ango ya yi magana da babban abokinsa tun da rana a ware motar da za ta kai ta har ƙofar gida, da wata babba a ciki. In ba a tsara ba, motocin rakiya suna watsewa da an gama, a bar ta a unguwar da ba ta sani ba ƙarfe goma sha ɗaya na dare.

Sai maganar kyauta. Kuɗin sayen baki na ƙawaye ne gaba ɗaya, rabawa suke yi, don haka kada amarya ta lissafa shi a matsayin ta sallami babbar ƙawa. Daga lefe ma na yi hattara. Ita ta taya ni buɗe akwatunan, ta san kowane zane, ta san wanda na ce bai yi mini ba. Da na ɗauko irin wannan na miƙa mata, da ta gane. Sai na bar ta ta zaɓi atamfa ɗaya da kanta tun ranar da aka kawo lefe, kafin a fara fitar wa dangi, sannan na sayi nata na daban.

Na haɗa mata 'yan kunnen gwal ƙanana, da mayafi, da humra da turaren wuta irin na Maiduguri. Gwal ɗin na sa an auna a gabana, aka rubuta nauyinsa da karat ɗinsa a rasit, na saka rasit ɗin a cikin akwatin, saboda in wata buƙata ta taso mata ta iya sayarwa ba tare da an taya mata da arha ba. Wadda ba ta da halin gwal, turmin atamfa mai kyau haɗe da kuɗin ɗinki ya wadatar. Atamfa ba kuɗin ɗinki ɗora mata wani nauyi ne. Humra da turaren wuta a kwalba mai murfi sosai na zuba, don roba tana shan ƙamshi, zafi kuma yana gudu da shi. Takalmi ban saya ba, lambar ƙafa tana bambanta daga kamfani zuwa kamfani. Kayan kicin ma na guje su, tunda ba ta yi aure ba tukuna, kuma ta sha jin "saura ke" a bakin mata kwana huɗu cur. Ban so kyautata ta maimaita mata wannan maganar ba. Na kuma sa mai hoto ya ɗauke mu mu biyu kaɗai kafin a cika fili, na wanke shi inci 8 da 10, na sa a firam.

Ban ba ta a gaban sauran ƙawaye ba. Su ma sun yi wahala daidai gwargwado, kowacce na ba ta ɗan turare da sabulu iri ɗaya, nata kuwa na ajiye. Ranar kai amarya ma ba ranar ba da kyauta ba ce, kaya na shiga suna fita, leda takan bi wata motar. Aikawa kuma tana da nata cikas: yaba kyauta tukwici, dole ta nemi abin da za ta ba ɗan aike, ga ta ta fito daga hidima. In ya zama dole a aika, a sallami ɗan aiken tun daga gida, a ce masa kada ya karɓi komai.

Ni dai jira na yi har fitata ta farko, na roƙi maigida mu biya gidansu. Na durƙusa na gaida mahaifiyarta, na ce, "Umma, mun zo godiya ne, kin ba mu aron 'yarki sati uku, Allah ya saka da alheri." Na ajiye mata turmin atamfa da goro, domin aikin gidan da ƙawata ta bari duk kwanakin nan a kanta ya faɗa. Maigida ma ya yi nasa godiyar da bakinsa. Sannan muka shiga ɗaki ni da ita na ba ta nata, na ambata mata abubuwan da na gani ɗaya bayan ɗaya, har da daren da ta zauna tana gyara mini zip da allura ana jiranmu a mota.

Da na koma gida na buɗe littafin gudummawa, na rubuta abin da ta kawo na biki, na ƙara da kuɗin ankon da ta bi ƙawaye ta tara da kwanakin da ta kwana a gidanmu. Biki bashi ne, kuma a al'ada da ƙari ake mayarwa. Na fara ware wani abu duk wata a asusu na daban, na kuma riga na gaya wa maigida cewa in an sa ranarta, zan nemi izinin kwana a gidansu tun daga daren kamu.